Wai da gaske mu mutane ne ke ɓata duniya, ko dai juyin zamani ne kawai?

Sardauna99:

Salam jama'ar gida. Dan Allah tambaya gare ni, kuma ba tsokana nake ba, so nake na fahimta. Kullum ka kunna rediyo ko ka buɗe waya sai ka ji ɗan adam ya ɓata muhalli, ɗan adam ya ɗumama duniya, ɗan adam ya ƙarar da namun daji. To ni abin da ke ɗaure min kai, duniyar nan ai tun fil azal sauyawa take yi ba da sa hannun kowa ba. Hamadar Sahara kanta da can kore ce shar, har yau akwai zanen raƙumin dawa da shanu da giwaye a jikin duwatsun Tassili a Aljeriya, kuma waɗanda suka yi zanen ai da idonsu suka ga dabbobin. To waye ya ƙona fetur a lokacin? Wace masana'anta ce ta busar da ita?

Sannan ga duwatsu masu aman wuta, guda ɗaya in ya fashe sai ya turnuƙe sama da hayaƙi tsawon makonni, a ce wai salansar mota da injin janareta sun fi wannan? Ni dai ina ganin kamar mun cika ɗaukar kanmu da girma, duniya fa faɗi gare ta, kashi 70 cikin ɗari ma ruwa ne. Masu ilimin abin ku warware min, shin akwai hujja takamaimai cewa hannunmu ne, ko dai kawai abu ne da ake ta maimaitawa har ya zauna a kunnen mutane?

Abu_Nabila:

Wa alaikumus salam. Malam Sardauna tambayarka a kan hanya take, kuma maganar Sahara gaskiya ce ba ja. Tsakanin shekara wajen 11,000 zuwa 5,000 da suka wuce tana da ruwa da ciyawa, abin da ya busar da ita kuma ɗan sauyi ne a yadda duniya ke karkata tana zagaya rana, wanda ke ɗaukar dubban shekaru yana juyawa. Babu masanin da ya ce sai da mutum yanayi ke sauyawa. Abin da suke cewa, wannan sauyin na yanzu an bi sawunsa an ga daga inda ya fito.

Bari mu fara da dutsen tunda shi ya fi tsaya maka. Duk duwatsu masu aman wuta na duniya, na tudu da na ƙarƙashin teku, iskar kabon (iskar da ke fita in an ƙona abu, mai riƙe zafi a sama) da suke fitarwa a shekara wajen kashi 1 cikin ɗari ne na wadda mutane ke fitarwa. Mu daga kwal da fetur da gas da siminti kaɗai muna sakin sama da tan biliyan 35 duk shekara. Dutse yana da ban tsoro a ido shi ya sa, amma yi yake ya lafa, mu kuwa ba dare ba rana, ba ranar hutu. Wani abin mamakin ma babban dutse in ya fashe sanyaya duniya yake yi na ɗan lokaci. Pinatubo na ƙasar Filifin da ya fashe a 1991, ƙurarsa da ta hau can sama ta tare hasken rana, zafin duniya ya sauka da wajen rabin digiri, bayan shekara biyu zuwa uku ƙurar ta zube komai ya koma inda yake.

Sai maganar awo. Tun 1958 wani masani Ba'amurke Charles Keeling ya kafa na'ura a kan tsaunin Mauna Loa a Hawai yana auna kabon ɗin da ke cikin iska. Lokacin da ya fara 315 ne a cikin miliyan, yau ya haura 420, kuma layin sama kawai yake yi. Za ka ce to kafin 1958 fa, wa ya auna? Nan ne abin ya burge ni wlh. A Antatika ana haƙa ƙanƙara can ƙasa, zurfin kilomita 3, a zaro ta doguwa, in ka ɗaga ta ka duba za ka ga ƙananan kumfa cike a cikinta, kowane kumfa iskar zamanin da dusar ta zuba ce ta maƙale. Ana fasa su a auna. Da haka aka samu lissafin shekara 800,000, kuma duk tsawon wannan lokaci yana hawa yana sauka tsakanin 180 da 300, bai wuce nan ba. Kafin a fara masana'antu yana wajen 280. Wato abin da da yake cin dubban shekaru kafin ya ƙaru da 100, mu mun ƙara 140 cikin shekara ɗari biyu da ƴan kai.

Na san wani zai ce ai teku da itatuwa da ruɓaɓɓen ganye sun fi mu fitar da kabon. Haka ne, amma su suna fitarwa suna shanyewa. Ka ɗauka randa ce ana zuba mata guga ɗaya ana kwashe guga ɗaya kullum, ba ta cika ba ta ƙafe, sai wani ya zo yana ƙara moɗa ɗaya kowace safiya ba ya kwashewa, moɗar ƙarama ce amma ita za ta sa randar ta yi ambaliya. Teku da daji ma suna taimakonmu, suna shanye kusan rabin abin da muke saki, sauran ne ke taruwa a sama yana riƙe zafi.

In kuma rana ce ta ƙara ƙarfi, tun 1978 tauraron ɗan adam ke auna ta, ba ta ƙaru ba. Kuma da rana ce da sama da ƙasa duk za su ɗauki zafi tare, amma abin da aka gani iskar da ke kusa da mu tana zafi, ta can ƙololuwa kuma sanyi take ƙarawa, alamar zafin an tare shi ne a ƙasa bai fita ba. 2024 ita ce shekara mafi zafi tun da aka fara ajiye lissafi.

DanMaliki_Jr:

Hmm Abu Nabila ka iya bayani, amma ni fa duk wannan lissafin bai dame ni ba. A ce ma gaskiya ne, to "mu" ɗin nan da ake ta faɗa su waye? Afirka gaba ɗayanta ba ta kai kashi 4 cikin ɗari na hayaƙin da ake fitarwa ba. Ba'amurke ɗaya yana fitar da wajen tan 14 a shekara, akwai ƙasashe birjik da mutum ɗaya ko tan ɗaya ba ya kaiwa. Ingila ta fara ƙona kwal tun sama da shekara ɗari biyu baya, suka gina ƙasashensu suka ƙoshi, yanzu kuma an dawo ana cewa ɗan adam ne. Wane ɗan adam? Kura da shan bugu gardi da kwashe kuɗi kenan.

Kuma ana ƙara wa miya gishiri a lamarin nan. Shekara nawa ana nuna mana hoton Tafkin Chadi ana cewa ya ƙafe saura kwana kaɗan ya ɓace, ga shi nan har yau da ruwansa, wasu shekarun ma ambaliya yake yi. Ni a bar ni da cewa harka ce ta masu neman tallafi.

Maman_Ilham:

Sannunku da hira. Ni zan bar maganar iska tunda ba a ganinta da ido, shi ya sa gardama ba ta ƙarewa a kanta. Ɗan'uwa Sardauna ka ce duniya ta fi ƙarfinmu, je ka nemi hoton Tekun Aral na 1960 da na yanzu ka jera su.

Tafki ne tsakanin Kazakistan da Uzbekistan, a 1960 shi ne na huɗu a girma a duniya, murabba'in kilomita 68,000, don girma ma teku ake ce masa. Koguna biyu ke shayar da shi, Amu Darya da Sir Darya. Sai gwamnatin Tarayyar Sobiyet ta ce auduga take so, aka yanka manyan magudanai aka karkatar da kogunan cikin hamada don ban ruwa, magudanan ma yawanci ba a daɓe su da siminti ba, ruwa mai yawa ƙasa ke shanye shi rana ta ƙone saura tun bai isa gona ba. Ba fari aka yi ba fa, ba girgizar ƙasa ba, mutane ne suka zauna a ofis suka zana taswira. Zuwa 2007 saura wajen kashi 10 cikin ɗari na girmansa. Akwai garin Moynak da a da tashar masunta ce mai kamfanin kifin gwangwani, yau ruwa ya yi masa nisan sama da kilomita 100, jiragen kamun kifi na nan a zube kan yashi sun yi tsatsa, raƙuma na shan inuwa a gindinsu. Ƙasan tafkin da ya bushe kuma gishiri ne gauraye da maganin ƙwarin da ya gangaro daga gonakin auduga shekara da shekaru, iska na kwasa tana watsa wa mutanen yankin, ciwon ƙirji ya yi musu katutu.

Abin da ya sa na kawo shi ma ba tausayin ba ne kawai. A 2005 Kazakistan da taimakon Bankin Duniya ta gama gina madatsar Kokaral, ta tsare ruwan Sir Darya a ɓangaren arewa, cikin ƴan shekaru ruwa ya hau, gishiri ya ragu, kifi ya dawo, masunta suka koma aiki. Ɓangaren kudu da ba a yi masa komai ba ya ci gaba da mutuwa. Aka janye ruwa ya ƙafe, aka mayar ya farfaɗo, to wace hujja kuma ta rage?

Na biyun da ya fi ba ni tsoro shi ne na ungulu a Indiya, don shi ba wanda ya yi niyyar ɓarna ko kaɗan. Wajen 1990 zuwa sama makiyaya suka fara yi wa shanunsu allurar diklofenak, maganin ciwon jiki, mai araha kuma yana aiki, saniya ta samu sauƙi. To in ta mutu da maganin a jikinta ungulu ta ci mushen, ƙodarta ke lalacewa, sai a ga tsuntsuwar zaune kan reshe wuya a lanƙwashe ƙasa, kwana kaɗan ta faɗo. Miliyoyinsu ne fa a ƙasar, amma cikin shekara goma sha wani abu sama da kashi 95 cikin ɗari suka ƙare, nau'i ɗaya ma kashi 99 ya wuce. Shekaru ana neman dalili ana zaton wata annoba ce, sai a 2003 aka gano maganin ne, aka hana ba dabbobi shi a 2006. Kafin nan mushe ya rasa mai ci, yana ruɓewa a fili yana gurɓata ruwa, karnukan bola suka samu abinci suka hayayyafa, cizon mahaukacin kare ya ƙaru. Wa zai taɓa kawowa a ransa cewa allurar da ya yi wa saniyarsa za ta ƙare a kan yaron wani da kare ya ciza? Yawancin ɓarnar haka take, mai yi daban, mai ji a jikinsa daban, kuma tsakaninsu akwai nisa da shekaru.

Sardauna99:

Ikon Allah. Maman Ilham na je na duba hoton Aral ɗin, gaskiya jikina ya yi sanyi. Amma kin ga wannan tafki ɗaya ne da ƙasa ɗaya, na yarda mutum zai iya kashe tafki ko ya ƙarar da tsuntsu. Sararin sama gaba ɗaya fa? Akwai inda aka taɓa gwadawa irin yadda kika ce, a daina abu a ga sama ta gyaru? Don in ba haka ba lissafin Abu Nabila ya zama sai dai mu yarda kawai.

Dattijo_Mai_Carbi:

Akwai, yaro, kuma mu da muka manyanta a kunnenmu aka yi. Rufin ozon.

Can sama akwai wata iska da ke tace hasken rana, tana tare ɓangarensa mai ƙona fata da lalata ido. Wajen 1930 aka ƙirƙiro sinadarin CFC, ana zuba shi a firji da na'urar sanyaya ɗaki da gwangwanin feshi, kowa na yabonsa don ba ya kama wuta ba ya da guba. A 1974 masana biyu, Mario Molina da Sherwood Rowland, suka ce sinadarin nan yana hawa sama yana cinye ozon. Kamfanonin da ke yinsa suka ce tatsuniya ce, kusan irin maganar da ake yi yanzu. Sai a 1985 masu bincike ƴan Birtaniya da ke zaune a Antatika suka fito da awonsu, ozon ɗin wurin ya zaizaye ƙwarai, a inda babu birni ko ɗaya balle masana'anta. Ka ga abin da aka fesa a Landan da Tokiyo can ƙarshen duniya ya je ya yi aiki. A 1987 aka sa hannu kan yarjejeniyar Montiriyal, daga baya kowace ƙasa ta shiga, aka daina yin sinadarin a hankali, yanzu awo na nuna rufin na haɗewa, ana sa ran na Antatika zai koma daidai wajen 2066. Ka lissafa, an daina tun tuni amma sai an kusa shekara 80 daga yarjejeniyar kafin ya warke. Ɓatawa ba ta da wuya, gyara ne ke cin rai.

Wani abin al'ajabi, injiniyan da ya jagoranci ƙirƙiro CFC ɗin, Thomas Midgley, shi ne dai ya gano zuba dalma a fetur a 1921 don inji ya daina ƙwanƙwasa. Dalmar nan ta bi salansa ta shiga jinin yara a duk duniya tana taɓa ƙwaƙwalwa, ba a gama kawar da irin fetur ɗin ba sai 2021. Mutum ɗaya kenan, kuma shi a ganinsa taimako yake yi.

Kai kuma Ɗan Maliki, rabin maganarka na karɓa. Ba a yi rabon laifi daidai ba, Amurka ce ta fi kowa tara hayaƙi a tarihi, Sin ce ta fi kowa a yanzu. Amma waye ya yi, da shin an yi, tambayoyi biyu ne, kada haushin ta farko ya sa ka ƙaryata ta biyu. In ka ce ƙarya ne ai ka yafe musu bashin kenan da bakinka. Sannan ba duk ɓarna ce ta manyan ƙasashe ba. Leda fa? Duniya na yin robobi sama da tan miliyan 400 a shekara, wanda ake sake narkawa bai kai kashi 10 cikin ɗari ba, kuma wadda ke toshe kwalbati ba daga wata nahiya iska ta kawo ta ba. Bangaladash ta hana ledar a 2002 ne bayan ta ga yadda ta toshe magudanai ambaliya ta yi muni, Ruwanda ta bi a 2008, Kenya a 2017, ba wanda ya jira tallafi.

DanMaliki_Jr:

Baba na ji kuma ban ƙi ba, Allah Ya ƙara girma. Amma maganar bashin ma dariya take ba ni. A 2009 a Kofanhegan ƙasashe masu kuɗi suka yi alkawarin dala biliyan 100 duk shekara zuwa 2020, 2020 ta zo ta wuce ba su cika ba sai 2022, shi ma yawanci rance ne da ruwa a kai, wato ka ƙona min rumbu sannan ka ranta min kuɗin gyara. Ozon ya yi sauƙi ne don an samu madadin sinadarin kuma kamfanonin sun ci riba da sabon. Fetur da kwal kuwa su ne wuta da mota da taki da siminti, wa zai saki? Kuma har yanzu ba wanda ya ba ni amsar Tafkin Chadi.

Abu_Nabila:

Ɗan Maliki na Chadi kana da ƴar gaskiya, shi ya sa ni ban kawo shi misali ba. A 1963 yana wajen murabba'in kilomita 25,000, zuwa tsakiyar shekarun 1980 ya faɗi ƙasa da 2,000, daga nan aka samo kashi 90 ɗin da ake ta faɗa. Amma tafki ne marar zurfi, wurare da yawa ko mita biyu bai kai ba, kuma kusan duk ruwansa daga kogin Shari da Logon yake zuwa, don haka damina ta yi kyau ya bazu, ta yi tsaiko ya janye, tun da can haka yake. Babban abin da ya kassara shi farin shekarun 1970 da 1980 ne, ban ruwa ya ƙara nasa, kuma tun daga wajen 1990 ruwan ya ɗan dawo, wani ma yana ɓoye ƙarƙashin ciyayi hoton sama ba ya nuna shi sosai. Masu nuna tsohon hoto su yi shiru kan wannan ba su kyauta ba.

Sai dai shi kansa farin akwai masanan da ke alaƙanta wani ɓangarensa da hayaƙin farar wuta na masana'antun Turai da Amurka na wancan lokaci, wanda ya sanyaya arewacin tekun Atlantika ya tura damina kudu. Kada kuma a haɗa shi da Aral, shi Aral koguna aka kwashe masa da gangan kuma takardun aikin suna nan.

Batun wa zai saki fetur, ni ban ce gobe ba, amma farashin faranti mai kama hasken rana ya faɗi da wajen kashi 90 cikin ɗari daga 2010 zuwa 2020, masu sakawa yanzu ba don son muhalli suke yi ba, lissafin aljihu ne. Taki da siminti da jirgin sama su ne masu wuyar sha'ani, su kam har yanzu da sauran aiki.